Kafin a miƙa wa yaro makullin mota

A gidajenmu da yawa, ranar da uba ya ce wa ɗansa "ungo makulli, kai Hajiya asibiti", ranar ce yaron ya shiga sahun manya. Ya daina tsayuwa a bakin titi yana jiran ɗan adaidaita, an fara lissafi da shi a hidimar gida. Wannan 'yanci ne mai kyau, kuma ina ganin 'ya'yanmu mata ma sun cancance shi. Abin da ke damuna shi ne yadda muke bayar da shi da wuri, ba tare da horo ba.

Dokar Najeriya ta ce sai mutum ya cika shekara 18 kafin ya samu lasisin tuƙi. Hukumar kiyaye haɗurra ta FRSC, wadda aka kafa a 1988, ta shimfiɗa hanya: a shiga makarantar koyon tuƙi da aka amince da ita, a manna jan harafin L gaba da baya, a yi gwaji gaban jami'an VIO masu duba lafiyar motoci, sannan a ɗauki hoto da zanen yatsu. Amma iyaye nawa ne ke bin wannan? Wasu sai su ba wani kuɗi ya "fito da lasisi", yaron da bai taɓa yin ribas tsakanin motoci biyu ba ya sa shi a aljihu. Wasu ko lasisin ba sa jira. Ɗan shekara sha biyar ne za ka gani ranar ɗaurin aure yana wasan mota, taya na ƙara, ƙura ta turnuƙe, ƙananan yara na tsaye dab da shi suna tafi.

Ku dubi tashar mota. Yaron mota kan yi shekaru yana wanki, yana duba ruwa da baƙin mai, yana sa wejin katako a bayan taya, yana sauraren kukan inji har ya san lafiyarsa. Sai ubangidansa ya gamsu da hankalinsa kafin ya bar shi ya matsar da motar ko a cikin tasha. Direbobin da ba su yi boko ba sun gane cewa natsuwa ake gwadawa kafin hannu.

Uban da ke son ɗansa ya biya kuɗin makaranta, ya bar shi ya yi gwajin da kansa, ko da zai faɗi ya sake. Bayan nan ya zauna a gefensa na wasu watanni, su bi hanyar Kano zuwa Zariya da rana, da dare, da lokacin damina, ya ga yadda yake yi idan tirela ta matse shi.