Ranar da na share package-lock.json da sunan tsafta

Ni dai matsalata son tsafta ne, tun ina yaro haka nake, ko ɗakin wani na shiga sai na gyara masa shimfiɗa kafin in zauna. To ran Larabar da ta wuce ina ofis aka ce in ɗan taɓa wata manhaja ta lissafin kaya da muka yi wa wani Alhaji mai shagunan atamfa, da React 17, wani kayan aikin haɗa manhaja, muka gina ta tun tuni kuma tana aiki lafiya lau ba ta taɓa yi wa kowa laifi ba. Aikin kawai in canza kalar wani maballi daga shuɗi zuwa kore, wai Alhaji ya ce shuɗin na kama da na maƙwabcinsa a kasuwa. Aikin minti 5 fa.

Sai idona ya faɗa kan package-lock.json. Na buɗe na ga layi sama da 20,000, babu wanda ya rubuta ko ɗaya a cikinmu, ga kuma package.json a gefe ɗan layi 40 tsaf-tsaf. Na ce wannan ai maimaici ne, na danna na share. Don ladan ya cika na haɗa da node_modules, wannan jakar da in ka ce za ka kwafe ta a filashi sai ka yi sallar la'asar ka dawo ba ta gama ba. Har na tura git, ma'ajiyar da ke riƙe tarihin duk canjin da muka yi, da saƙo mai kalma ɗaya: "tsafta".

Ga wanda bai san harkar ba, package.json takardar gayyatar biki ce, baƙin kuwa su ne ƙananan manhajojin da wasu suka rubuta waɗanda taka ke dogaro da su, jakar node_modules kuma ita ce masaukinsu. Ka rubuta mutum 25, amma kowanne zai zo da abokansa, abokan su ma su zo da nasu, kafin ka farga 'yan gayyar soɗi sun haura 1,000 a tsakar gida kuma duk sai ka ciyar da su da datarka. Sannan akwai wata 'yar alama kamar hula da ake sa wa lamba, ^2.3.0, ma'anarta "kawo min wannan ko wanda ya fi shi sabunta, in dai bai kai 3 ba". Shi kuma fayil ɗin da na share shi ne rijistar da ta rubuta takamaimai wa ya zo, wace siga, daga ina aka sauko da shi, har da lambar tantancewa don kar a musanya shi a hanya. Abin da ke sauko da baƙin nan sunansa npm, kuma tun npm 5 a 2017 fayil ɗin yake rubuta kansa da kansa. Kar ku ga ina zuba bayani kamar malamin jami'a, duk bayan ɓarnar na koya.

Na buga npm install ta hotspot ɗin wayata, ya yi ta juyi ya yi ta juyi, sai ga jan rubutu ya cika allo: ERESOLVE unable to resolve dependency tree. Ashe ɗan ƙunshin kalandar da muke zaɓar kwanan wata da shi ya girma a bayan idonmu, sabon da hular nan ta jawo ya ce shi ba zai zauna gida ɗaya da React 17 ba, sai 18. Na ce to ba faɗa, na ɗaga React zuwa 18, nan take wasu guda uku suka yi yaji su ma, su 17 suka sani. Wallahi kamar mai raba kwana tsakanin kishiyoyi, ka lallashi wannan waccan ta haɗa kaya.

Na shiga intanet neman magani, wani ya ce a sa --legacy-peer-deps, wani ya ce --force, duk dabarun sa npm ya kau da kai daga rigimar ne, na haɗa duka biyun kamar mai shan jiƙo da allura lokaci guda. Ya sauka kuwa, babu jan rubutu, har na yi hamdala na miƙe ina miƙa. Na buɗe manhajar, fari tas. Ko harafi ɗaya babu. Daidai nan aka ɗauke wuta, batir saura 19, data kuma ta aiko saƙon nan na rashin mutunci cewa saura kaɗan.

Na kira wani abokina don ya taimaka, maimakon haka ya zauna yana ba ni tarihi, wai in kwantar da hankali, a Maris 2016 wani mai suna Azer Koçulu ya janye kayansa daga npm, ciki har da left-pad mai layi 11 kacal, aikinsa kawai cike gurbi a hagun rubutu, sai ga manyan manhajojin da suka dogara da shi irin su Babel sun kasa sauka a duniya baki ɗaya. Na ce to shi ai duniya ya tsayar, ni shagon atamfa na tsayar kuma Alhaji ya san gidanmu. Ban rufe baki ba sai ga kiransa.

"Yaro, koren ya fito?"

"Ranka ya daɗe yana hanya, sabis ne yau sai a hankali."

Ban yi barcin kirki ba. Da safe yarinyar da ta zo koyon aiki na wata 6, wadda ni ne ma aka ce in riƙa koya mata, ta leƙo allona ta yi shiru, can ta ce "Yaya, wa ya share lock ɗin?" Na ce ana bincike. Ta buɗe tarihin git, ga sunana ɓaro-ɓaro ga "tsafta" a gefe. Ba ta ce komai ba, abin da ya fi min ciwo kenan. Ta dawo da fayil ɗin daga jiya, ta haɗa da package.json ɗin da na jagwalgwala, ta buga npm ci, wanda shi ba ya shawara da kowa, abin da rijista ta ce shi yake saukewa. Kafin shayina ya huce manhaja ta tashi garau.

Na canza kalar, layi ɗaya. Alhaji ya duba ya ce koren ya yi duhu, a mayar masa da shuɗinsa. Da azahar na ari wayar wani a ofis zan kira tawa da ta shige ƙarƙashin takardu, ina sa lambata sunan da ya fito shi ne Duba-gari.