Alhaji Tanko Ya Yi Wa'azi a Facebook

Teburin shayin Ɗanliti a Fagge, bayan sallar isha'i. Alhaji Tanko ya sauke gilashi kan karan hanci, yana danna waya da yatsa ɗaya kamar mai kashe kwarkwata.

ƊANLITI: Alhaji, shayinka ya huce. A ƙara ruwan zafi?

ALHAJI TANKO: Bar shi. Jihadi nake yi.

ƊANLITI: Yau kuma wa aka kama?

ALHAJI TANKO: Wani biki na gani a TikTok. Kamu daban, sa lalle daban, yini daban, dina daban, ga daren Larabawa. Da hukumar tace finafinai ba ta hana ranar ƙauyawa a 2025 ba, da har ita sun haɗa. Saurari abin da na rubuta musu. "Ya ku jama'a, ku ji tsoron Allah! Tun da aka cire tallafin mai a 2023 mudun shinkafa ya gagari talaka, amma wasu na tattaka naira a filin rawa. Mafi ƙarancin sadaki rubu'in dinari ne, kuma aure mafi albarka shi ne mafi sauƙin ɗawainiya. Ni Tanko, duk mai neman 'yata ya kawo sadaki kawai. Lefe, ko akwati ɗaya ba na so."

ƊANLITI: Allahu akbar. Bikin gidan wa ne?

ALHAJI TANKO: Gidan Alhajin nan na bayan layinmu.

ƊANLITI: An kawo maka kati?

ALHAJI TANKO: Ba maganar kati ake ba, maganar al'umma ake.

ƊANLITI: Ba a kawo ba ke nan. Ai na tuna bikin ɗan Shugaba Buhari da aka yi a Bichi a 2021, da jiragen manya suka cika filin jirgin Malam Aminu Kano. A kan bencin nan ka raba dare kana tsine wa almubazzaranci, gari na wayewa ka tambaye ni ko na san wanda ya samo wayar da aka ce an raba.

ALHAJI TANKO: Bincike nake yi. Mai sharhi ba ya magana da ka.

Sai ga Ilu tela da leda a hammata da takarda a hannu. Tela kuwa in ya biyo mutum har teburin shayi da dare, ba gaisuwa ta kawo shi ba.

ILU: Salamu alaikum. Alhaji, Hajiya ta ce in same ka a nan. Lissafin ankon bikin 'yarka Ummi ne.

ALHAJI TANKO: Sassauta murya mana, kai ba ka iya sirri ba?

ILU: Kala uku ne. Atamfar kamu, leshin dina, shaddar ɗaurin aure. Atamfar ta ƙare a Kantin Kwari, an ce sai an ƙara kuɗi a sauko da wata.

ƊANLITI: Alhaji, anko?

ALHAJI TANKO: Wannan ba anko ba ne, zumunci ne. Don kada mai shi ya fi marar shi a hoto.

ƊANLITI: Dina fa?

ALHAJI TANKO: Walima ce, zafin rana ya sa aka matsar da ita dare.

ILU: Mai kiɗan ma ya ce a cika masa kafin alƙalami.

ALHAJI TANKO: Sanarwa zai riƙa yi. In ya gaji sai ya ɗan kunna wani abu jama'a su huta.

ILU: Sai mai sababbin kuɗi. Ya ce bandir nawa zai ajiye maka, 'yan ɗari biyu ko 'yan ɗari biyar?

ƊANLITI: Haba Alhaji! Shekaranjiya kai ka rubuta cewa dokar Babban Banki ta 2007 ta hana liƙi, ɗaurin wata shida ko tarar naira 50,000. Har ka ce EFCC ta riƙa ajiye mota a ƙofar kowane zauren biki.

ALHAJI TANKO: Liƙi shi ne a watsa. Ni a kafaɗa zan riƙa ajiye mata, ɗaya bayan ɗaya, cikin natsuwa. In ta faɗo ƙasa, tsakaninta da iska ne.

Ana haka Malam Habu ya yi sallama. Shi ne kawun ango, kuma shi zai karɓi aure. Alhaji ya tura takardar Ilu ƙarƙashin faranti, ya miƙe har hula na zamewa.

ALHAJI TANKO: Maraba da manya! Ɗanliti, haɗa wa Malam mai kauri, da ƙwai uku.

MALAM HABU: Alhamdu lillahi, a ƙoshe nake. Alhaji, godiya aka aiko ni. Yaran gida sun karanta mana rubutunka ɗazu a zaure. Wallahi yayana har da ƙwalla. Ya ce a wannan zamani samun suruki irinka sai an tona.

ALHAJI TANKO: Ai... ai yi wa kai ne.

MALAM HABU: Shi ya sa muka ce ba za mu saɓa maka ba. Akwati goma sha biyun nan da mata suka haɗa, gobe za a mayar da kayan Kwari. Kuɗin a saya wa yaro Adaidaita Sahu ya riƙa juyawa. Sadaki kuma mun tambayi liman nawa rubu'in dinari ya kama a wannan watan.

ALHAJI TANKO: Goma sha biyu? Har da ta gwal ɗin?

MALAM HABU: Ita aka fara mayarwa.

ALHAJI TANKO: Malam, kutse aka yi mini. 'Yan damfara sun shiga wayata tun la'asar.

ƊANLITI: Yanzu fa ka karanta mana, har kana gyara murya.

ALHAJI TANKO: Kai da shayi aka san ka! Malam, abin nufi, nasiha ce ta gaba ɗaya. Al'umma nake wa magana, ba dangi ba. Bari ma in goge, kada a yi mini mummunar fahimta.

MALAM HABU: Kada ka wahalar da kanka, an ɗauki hotonsa, yana ta yawo a WhatsApp. Liman ya ce da shi zai buɗe huɗuba ranar Juma'a, da sunanka da na mahaifinka.

Alhaji ya zauna. Ya kurɓi shayin nan mai sanyi bai ko ji ba. Can dabara ta faɗo masa.

ALHAJI TANKO: To madalla, sauƙi ya zo wa kowa. Ke nan mu ma kayan ɗaki da gara an yafe mana.

MALAM HABU: A'a, Alhaji. Mun duba rubutun sau uku, ba ka ambaci gara ba. Gado da kujeru ma ba su fito ba. Mu kuwa ba ma ƙara wa malami abin da bai faɗa ba. Ɗakuna biyu ne da falo, an riga an yi fenti.

ILU: Alhaji, ni fa na riga na yanka leshi.

Waya ta ɗauki ruri a kan tebur. Ɗanliti ya leƙa.

ƊANLITI: "Uwargida" aka rubuta.

ILU: Ai kuwa ɗazu na baro ta tana gaya wa matan layi su zo ganin lefe ranar Asabar. Har ta aro tabarmi.

ALHAJI TANKO: Ɗanliti, ɗauka ka ce na manta wayar a nan.

ƊANLITI: In ta ce ina ka tafi?

ALHAJI TANKO: Ka ce Zariya, ta'aziyya. Kai, tsaya. Shagon nan naka, mutum nawa yake ɗauka in an kwanta?