Hajiya Ba Ta Son Ɓarnar Wuta

Wajen ƙarfe uku na dare kukan jariri ya tashe ni, na ji hancina ya yi sanyi ƙalau. A birnin Winnipeg na ƙasar Kanada muke, tsakiyar watan Janairu, lokacin da sanyi kan wuce digiri 30 ƙasa da sifiri. Gidajen nan hita guda ce a ɗakin ƙasa, tana ƙona gas, fanka ta hura iskar mai ɗumi ta bututu zuwa kowane ɗaki. Na ɗora ƙafa kan ragar da iskar ke fitowa. Shiru.

Maiɗakina ta leƙo daga cikin bargo ta ce, "Abban Sadiq, tashi fa za ka yi." Ga ɗanyen goyo, ga surukata Hajiya da ta zo mana jego daga Kano tana kwance a ɗakin da ke kusa. Yau ce ranar nuna mata irin mijin da 'yarta ta samu.

Na fara da ɗan akwatin bango mai auna zafin gida. Mun saita shi a 22, shi kuwa yana nuna 14. Na zare batiran rimot ɗin talabijin na zuba masa. Bai ko motsa ba. Na sauka ƙasa na zaro filta, don in ƙura ta toshe ta hitar kan ɗauki zafi ta kashe kanta. Na sa sabuwa. Na duba akwatin wuta, babu abin da ya faɗi.

Sai na koma wurin malaman YouTube. Wani Bature mai gemu ya ce a leƙa 'yar tagar jikin hita, akwai fitila mai ƙiftawa, yawan ƙiftawarta ke faɗin ciwon. Na kwanta rub da ciki kan siminti ina leƙe. Tawa ko ƙyas babu. Baturen bai yi bayanin wannan ba, ya ce in danna masa alamar so.

Wani kuma ya ce dusar ƙanƙara kan toshe fararen bututun roba biyu da ke bayan gida, ɗaya na shaƙar iska, ɗaya na fitar da hayaƙi. Na ɗora jaket kan jallabiya, na ɗauki tocila da shebur na fita. Kafin in kai bayan gida gashin hancina ya daskare, gemuna ya yi fari fat kamar na ladanin unguwarmu. Bututu lafiyarsu lau. Na dai share su, don kada fitar ta tashi a banza.

Da akwati ya nuna 11 na daina jarumta. A garin nan in gida ya huce, bututun ruwa ne ke daskarewa su fashe cikin bango, daga nan magana ta zama ta dubban daloli. Na kira mai gyara. Ya ce kuɗin fitar dare daban yake. Na ce ya zo.

Ya iso gab da asuba da ƙaton akwatin kayan aiki. Za mu sauka ƙasa ke nan ya tsaya a bakin matakala, ya kalli wani makunni a bango, sak irin na fitila. Ya sa yatsa ɗaya ya ɗaga shi. Can ƙasa muka ji "wuuu", hita ta tashi. Ashe nan ake yanke mata wuta in za a yi gyara. Ko akwatinsa bai buɗe ba. Ya tambaya wa ya kashe.

Hajiya na tsaye da carbi, ta yafa barguna biyu. Da 'yarta ta fassara mata sai ta ce, "Ai ni ce. Na sauka ɗebo wankin yaro na gan shi a kunne, ba ƙwan da yake haskawa, wuta kawai yake sha. Ku yaran yanzu ba ku san zafin nema ba."

Me mutum zai ce wa surukarsa? Na rusuna, haƙora na kaɗawa, na ce, "Gaskiya ne Hajiya, Allah ya ƙara girma."

Na biya mutumin. Hajiya ta tambayi nawa ya karɓa, maiɗakina ta juya mata shi zuwa naira. Ta yi salati ta ce, "Don ɗaga makunni? Da kun tashe ni ai kyauta zan ɗaga muku."

Da rana na lallaɓa na manne makunnin da salatif, ninki a kan ninki. Bayan sallar isha'i muna cin tuwo, Hajiya ta dubi 'yarta ta ce, "Ki faɗa wa maigidan naki wani ya liƙa wa makunnin nan roba. Da ƙyar na ɓanɓare ta."

Ban wanke hannu ba na yi matakala.