Aikin sa-kai a gidan panda: a je da tsintsiya, a bar maganar runguma

Ƙanina da ke karatu a birnin Chengdu na ƙasar Sin ne ya shirya mini tafiyar. Da dare ya ce, "Yaya, ka kwanta da wuri, gobe daga sallar asuba sai Dujiangyan, za ka yi wa panda shara." Tafiyar wajen kilomita 60 ce daga Chengdu zuwa gindin duwatsu, inda cibiyar kula da panda take. Muna isa aka ba mu rigar aiki da safar hannu, aka damƙa mu a hannun wata mata da ke kula da dabbobin. Sai da ta kira pandan ya shige ɗakin ciki, ta ja ƙofar ƙarfe ta kulle, ta sake girgiza ta ta tabbatar, sannan ta miƙo mana shebur da tsintsiya.

Kashin panda ne abin da ya fara ba ni mamaki. Siffarsa kamar dankalin Hausa, kore-kore, da guntayen gora a cikinsa kamar an daddatsa da wuƙa, kuma ba ya wari, ƙamshin ɗanyar ciyawa yake yi. Muka tattara shi a bokiti, matar ta ɗora a sikeli ta rubuta nauyinsa a littafi. Daga nan muka kwashe ragowar gorar jiya, muka wanke daɓe da tiyo, muka ɗauko sabuwar gora, dogaye masu kauri, aka nuna mana yadda ake ɗaga ta a fyaɗa da ƙasa har ta tsattsage domin dabbar ta ji sauƙin ci. Kafin hantsi ya dubi ludayi hannuwana sun yi tsami.

Wannan aikin da na yi, ni na biya kuɗi aka bar ni na yi shi. Yuan ɗaruruwa, kuɗin Sin, ake biya a kan rana guda, a ƙarshe a ba ka takardar shaida cewa ka yi aikin sa-kai. A nan ne mutane ke rabuwa biyu, kuma a nan nake so in faɗi nawa ra'ayin. Ina ganin tafiyar ta cancanci a yi ta, kuma na fi son ta a kan yawon buɗe ido na tsayawa bayan gilashi a ɗauki hoto a wuce. Amma sunan da aka laƙaba mata ya fi ta girma, kuma duk wanda ya je yana jin shi ne zai ceci panda ya ɗauki abin ta inda ba nan ba ne.

Masu suka suna cewa wannan kasuwanci ne aka sa wa rigar taimako. Suna da gaskiya a wani ɓangare, ba zan ɓoye ba. Abin da mu huɗu muka yi cikin sa'a guda, matar nan za ta gama shi ita kaɗai cikin rabin lokacin, kuma ba sai ta tsaya tana gyara wa wani riƙon shebur ba. Cibiyar ba ta rasa ma'aikata ba. Ɗan sa-kai na gaske shi ne wanda in bai zo ba aikin ya kwana, mu kuwa da ba mu zo ba babu abin da zai kwana. Ɗalibai muke na yini ɗaya da suka biya kuɗin makaranta. Da an kira abin da wannan sunan, da babu gardama.

To amma karatun da ake yi a yinin nan ba ƙarami ba ne, shi ya sa nake kare shi. Wanda ya ga panda a waya yana gangarowa daga bishiya ba zai taɓa sanin nauyin riƙe shi ba. Dabba ce dangin beyar, hanjinta irin na masu cin nama, amma abincinta gora, kuma ba ta iya narkar da ita sosai. Shi ya sa babban panda yakan ci tsakanin kilo 12 zuwa 38 a rana, gwargwadon ɓangaren gorar da ya samu, ya shafe fiye da sa'o'i 10 yana tauna, ya yi kashi har kusan sau 40. Duk wannan gorar wani ne ya sare ta a kan dutse, wani ya loda a mota, wani ya wanke. Sikelin nan da na gani kuwa, da shi ake gane lafiyar dabbar tun kafin ta kwanta, kamar yadda makiyayi ke duban kashin saniyarsa da safe ya san ko akwai matsala. Na tsaya dab da keji ina kallon yadda yake riƙe gora da wani ƙashi na wuyan hannunsa da ya zame masa babban yatsa, yana ɓare bayanta da haƙori yana tofarwa, yana cin cikin. Gani ya kori ji.

Maganar haihuwarsu ita ce ta fi ɗaure kai. Macen panda sau ɗaya take neman namiji a shekara, kuma kwana ɗaya zuwa uku kacal take iya ɗaukar ciki. Jaririn yakan zo da nauyin giram 100 ko kusa da haka, jajir, makaho, kusan kashi ɗaya cikin 900 na nauyin uwarsa. Idan ta haifi tagwaye, galibi ɗaya take ɗauka ta bar ɗayan. Masu kula da su a Sichuan suka ƙware a wata dabara: a ajiye ɗaya a kwalba, a riƙa musanya mata su a ɓoye, kowanne ya samu nono da ɗumin uwa. Cibiyar Chengdu da panda 6 ta fara a 1987, waɗanda aka tsinto a daji cikin yunwa da ciwo. Yau waɗanda ke hannun mutane a duniya sun haura 700. Ma'aikatan da ke kwana a zaune suna gadin jariri su suka yi wannan, kuma ɗan sa-kai na yini ɗaya aƙalla yana ganin fuskokinsu.

Inda ba na sassautawa shi ne batun runguma. A da, a wasu cibiyoyi, mutum yakan ƙara kuɗi mai tsoka a ɗora masa ɗan panda a cinya a ɗauke su hoto. Har yanzu akwai masu zuwa da wannan burin, su ji haushi in an ce musu an hana. Ni kuwa ina ganin hanin ya yi daidai, har ma ya makara. A ƙarshen 2014 zuwa farkon 2015, cutar distemfa da aka fi sani a jikin karnuka ta shiga wata cibiyar ceto dabbobi a lardin Shaanxi ta kashe panda aƙalla 4. Bayan haka hukumomin Sin suka tsaurara kan kusantar baƙi da dabbobin. Baƙo ya taso daga wata nahiya, ya ratsa filayen jirgi uku, wataƙila yana da kare a gida, sannan a miƙa masa jaririn da aka sha wahalar shekara kafin a samu? Ga kuma haɗari ga shi kansa mutumin. Muƙamuƙin da ke farfasa gora kamar rake ba abin wasa ba ne, kuma an sha samun panda ya ciji wanda ya faɗa masa keji. Ƙofar da matar nan ta girgiza sau biyu, ta san abin da ya sa. Duk ɗan kamashon da ya yi maka alkawarin runguma, ko dai ƙarya yake yi maka, ko kuma yana shirin karya doka da kuɗinka.

Akwai kuma wata suka da ta fi ta farko nauyi, wadda nake so duk mai niyyar tafiyar ya riƙe a ransa. Panda ba a keji ya tsira ba. Ƙidayar da gwamnatin Sin ta fitar a 2015 ta nuna akwai 1,864 a daji, a duwatsun lardunan Sichuan da Shaanxi da Gansu. A 2016 ƙungiyar kare halittu ta duniya, IUCN, ta sauke shi daga jerin dabbobin da ke dab da ƙarewa zuwa matakin da ke ƙasa da wannan, Sin ma ta bi sahu a 2021. Abin da ya kawo haka daji ne. An keɓe gandun Wolong tun 1963, aka hana sare itatuwan asali a yankin bayan ambaliyar kogin Yangtze ta 1998, aka yi ta ƙara gandaye har suka kai 67, sannan a 2021 aka haɗa da yawa daga cikinsu a gandun ƙasa guda mai faɗin wajen murabba'in kilomita 22,000. Duk da haka ƙidayar nan ta nuna dabbobin sun warwatse gida 33, tituna da gonaki da garuruwa sun raba su, wasu rukunonin ba su kai panda 10 ba. Bahaushe zai fahimci wannan matsalar da sauri, domin maganar burtali ce. In aka toshe hanyar da dabba ke bi daga wannan daji zuwa wancan, zuri'a takan tsuke ta mutu a hankali ko da ba a harbi ko ɗaya ba. Haka kuma gora takan yi fure ta bushe gaba ɗaya bayan shekaru masu yawa, kamar yadda ya faru a 1983, kuma pandan da ba shi da burtalin zuwa wani dutse yunwa ce ke jiransa.

Mayar da na keji daji kuwa abu ne mai wuyar gaske. Xiang Xiang, na farko da aka saka a 2006, ba a cika shekara ba aka tsinci gawarsa. Daga nan aka canja salo: uwa ce ke renon ɗanta a wani yanki na daji da aka killace, ma'aikata kuma in za su shiga sai sun sa rigar siffar panda da aka shafa wa fitsari da kashinsa, don kada jaririn ya saba da ɗan Adam. Da wannan hanyar aka saki Tao Tao a 2012 ya rayu. A lura da abin da wannan ke nufi ga mai yawon buɗe ido: pandan da ake sa ran zai koma daji, ba za a taɓa bari ka gan shi ba. Waɗanda baƙi ke yi wa shara galibi tsofaffi ne, ko marasa lafiya da aka ceto, ko waɗanda suka dawo daga gidajen namun daji na ƙasashen waje. Su ma sun cancanci kulawa. Sai dai mai biyan kuɗi yana da haƙƙin ya tambayi inda kuɗinsa ke tafiya, nawa ke shiga asusun cibiyar, nawa ke tsayawa a aljihun kamfanin da ya yi masa hanya. Gwamma mutum ya nemi rajista kai-tsaye da cibiyar, ya kuma bincika kafin ya sayi tikiti, domin ana buɗe shirin a rufe, sharuɗɗansa kuma suna canjawa.

Ga mutanenmu, abin bai yi nisan da ake zato ba. Babu panda ko ɗaya a Afirka. Kusan duk ƙasashen da ke da shi aro suke karɓa daga Sin, galibi a kan wajen dala miliyan ɗaya a shekara ga kowane namiji da mace, duk ɗan da aka haifa kuma na Sin ne. Ƙatar ta karɓi nata biyu a 2022. Amma 'yan kasuwarmu da ke zuwa Guangzhou sarin kaya, da ɗalibanmu da ke jami'o'in Sin, jirgin sa'o'i biyu da 'yan kai ne tsakaninsu da Chengdu. Abincin halal ba ya wuya a birnin, ga masallacin Huangcheng a tsakiyarsa kusa da dandalin Tianfu. Wanda ya ware kwana biyu cikin tafiyarsa bai yi asara ba.

Abin da ya yi ta dawo mini a rai a hanyar komawa shi ne raƙuman dawa na Kure a Jamhuriyar Nijar, irin da babu shi a ko'ina a duniya sai can. A 1996 guda 49 suka rage. Da aka tsare su, manoman yankin suka haƙura da ɓarnar da suke yi wa wake, masu yi wa baƙi jagora suka samu abin yi, sai suka haura 600, har aka kwashi 8 a 2018 aka kai gandun Gadabeji a jihar Maraɗi. Harin da aka kai a Kure a watan Agustan 2020, wanda ya ci rayukan mutum 8, ya tsayar da zuwan baƙi, kuma talakawan da ke ci daga wannan zuwan su suka fara ji a jikinsu. Wanda ya ga haka ba zai raina kuɗin baƙo ba, ko da baƙon bai iya riƙe shebur ba. Giwayen Yankari ma da za su samu masu biya su zo su bi ma'aikatan gandu sintiri na yini guda, su ga sawu, su ga gonar da aka tattake, ina ganin da maganarsu ta fi haka ƙarfi a Bauchi da Abuja.

Da rana aka kai mu ɗakin girki muka cuɗa garin masara da na shinkafa da na waken suya, muka mulmula shi, irin wainar da ake turara wa dabbobin don ƙarin abinci. Wajen la'asar aka raba mana takardun shaida, kowa ya tuɓe rigar aiki ya nufi mota. Ƙanina ya taɓa ni ya ce, "Yaya, duba can." Matar nan ce ta sake fitowa da bokitinta da littafinta, ta nufi kejin da muka wanke da safe, wanda tuni ya sake cika da ɓawon gora.