Fim ɗin Belomor: kyamara ta ɗauki diga, ta tsallake kaburbura

A 1932, ana tsakiyar aiki, wani mai ɗaukar hoto a Tarayyar Sobiyet, Aleksandr Lemberg, ya haɗa fim kan mashigin ruwan Belomor da ake haƙawa don haɗa Farin Teku da Tekun Baltik. Tsawonsa kilomita 227, an gama shi cikin wata ashirin, aka buɗe a Agustan 1933. Fursunoni ne suka haƙa shi, ƙarƙashin 'yan sandan ciki na OGPU.

Abin da ke ɗaure mini kai shi ne gwamnatin Stalin ba ta ɓoye cewa aikin tilas ba ne. Alfahari ma ta yi da shi. Ta ce gumi yana gyara ɓarawo da ɗan adawa, kamar yadda maƙeri ke sake ƙera tsohon ƙarfe, "sake ƙira" ita ce kalmar da suka zaɓa. Aka kwashi marubuta 120 zuwa wajen, daga baya aka fitar da littafin yabo a ƙarƙashin jagorancin marubuci Maxim Gorky.

Wasu na cewa irin wannan fim farfaganda ce tsantsa, bai cancanci a nuna shi ba. Ban yarda ba. Mai shirya fim yana iya zaɓar fuskar da za ta yi murmushi, yana iya kawo 'yan badujala, amma kayan aikin da ke hannun mutane sukan tona asiri. Diga, shebur, baro na katako, a ƙasar duwatsu da ƙanƙara. Injina kusan babu, domin hukuma ta ga ɗan Adam ya fi araha. Duk wanda ya taɓa sara ƙasa mai tauri da hunturu zai fahimci abin da hoton ke faɗa ba tare da mai sharhi ba.

Gawarwakin ne kaɗai ba su shiga fim ɗin ba. Takardun hukuma da kansu sun lissafa mutuwar kimanin mutum 12,000, masana tarihi da dama kuwa na ganin adadin ya zarce haka sosai. Don haka a nuna fim ɗin ga ɗalibai, amma malami ya tsaya a gefe da waɗannan alƙaluma.

Mashigin kuwa, saboda gaggawa, zurfinsa bai wuce mita uku da rabi ba. Manyan jiragen ruwa ba su iya ratsa shi ba.