Ba kowace matar uba ce irin ta fim ba

Samari da 'yan matanmu na Makka da Jidda, ku ba ni aron kunnuwanku.

Tun da aka sake buɗe gidajen sinima a Saudiyya a 2018, ga kuma waya a hannun kowa, kallo ya zama abincin yau da gobe. A finafinan Kano da ake sakawa a YouTube da na Larabawa da ake bi cikin azumi, sau da yawa hoton ɗaya ne: matar uba tana barbaɗa magani a tuwo, tana sintiri gidan boka, ɗan kishiya yana wanke-wanke da yunwa a cikinsa. Na Amurka kuwa sai su haɗa iyali biyu, a ɗan yi rigimar ban dariya, kafin awa biyu kowa ya rungumi kowa. Mai shirya fim kasuwa yake nema, gidan da ake zaune lafiya kuwa ba ya jawo masu kallo.

Abin da ke damuna shi ne kun fara shiga gidajenku da wannan idon. A kawo yarinya daga Kano wurin mahaifinta a unguwar Shari'a Mansur da ke Makka, matar uba ta zubo mata kabsa, yarinyar ta ture kwanon, ta shige ɗaki ta aika saƙon murya ta WhatsApp: "Umma, yau ma harara ta take yi." Uwa can ta kwana ba barci, uba ya dawo a gajiye ya tarar da wuta, alhali baiwar Allah ba ta yi komai ba.

Ku tuna Umar ɗan Abu Salama agola ne a gidan Manzon Allah (SAW) a Madina. Tare suke ci, hannunsa yana yawo a akushi, Annabi ya ce masa ya yi bisimilla, ya ci da dama, ya ci na gabansa. Bukhari da Muslim duk sun ruwaito. Aya ta 22 ta Suratun Nisa'i kuma ta haramta wa ɗa auren matar ubansa har abada, wato muharramarsa ce.

Ban ce babu azzalumai ba, akwai su. In da gaske ana cutar ki, ki kai kuka wurin baffa ko kawu ko limamin unguwa, kada ki watsa gidanku a intanet. In kuwa babu, ki gaishe da matar ubanki da safe, ki kira ta Inna ko Umma yadda gidan ya saba. Ku samari kuma ku daina kiran ƙannenku "'ya'yan wance".