Wai Faith Kipyegon ce ta kasa?

Tun da aka sake yaɗa bidiyon nan na Paris, inda 'yar tseren Kenya Faith Kipyegon ta nemi gudun mil ɗaya ƙasa da minti huɗu ba ta samu ba, 'yan majalisar shayi na Garwa sun sami abin taunawa. Wai "ta kasa". Madalla da gwanaye! Mutumin da ko bin ɗan acaba ya yi sai ya dafa bango, shi ne yau alƙalin gudu.

Ku ɗauki biro mu yi lissafi. Mil ɗaya mita 1,609 ne, zagaye huɗu na fili da ɗoriyar mita 9. Kafin ka gama shi ƙasa da minti huɗu, dole kowane zagaye ya gaza sakan 60. Kowace mita 100 a ƙasa da sakan 15 ke nan, sau goma sha shida a jere, babu shan iska. Ranar 26 ga Yuni 2025 a filin Charléty ta riƙe kusan wannan ma'auni har zagaye na uku, a na huɗu ƙafa ta ƙi. Duk wanda ya san gudun mita 800 ko 1,500 ya san wannan wurin: kana ƙona ƙarfi fiye da abin da numfashi ke iya biya, cinya ta yi nauyi kamar an ɗaura mata turmi, taku ya gajarce, kafaɗa ta ɗage, haɓa ta yi sama. Zuciya na so, jiki ya ce a'a. Sakan ɗaya da ka ci bashi a zagayen farko, da uku za ka biya a na ƙarshe.

Ta gama a 4:06.42, wato minti 4 da sakan 6.42. Babu macen da ta taɓa gudun mil haka a duniya. Wannan ce ta kasa?

Za a ce ai maza ne suka kare mata iska, ga takalmin Nike na musamman. To sai me? Shi ya sa ba a rubuta lokacin a kundin bajinta ba, kuma babu wanda ya ɓoye. Kwana tara bayan nan, a Eugene ta Amurka, cikin tsere na ƙa'ida, ta yi 1,500 a 3:48.68, ta karya tarihin da ita da kanta ta kafa. Zinaren Olamfik uku a jere, 2016 da 2021 da 2024. A tsakani ta haihu a 2018, ta dawo a 2019 ta ɗauki azurfa a gasar duniya a Doha. Wannan ce ta kasa?

Wallahi abin da ke taɓa ni shi ne yarinyar da ta ci gasar matasa ta duniya ta gudun daji a 2011 ba takalmi, tana nan a sahun gaba bayan shekara goma sha huɗu. A wannan gudu da yawa shekara uku suke yi rauni ya kwantar da su.

Ita a Kaptagat ta Kenya take atisaye, tudu mai sama da mita 2,000, inda ƙarancin iska ke ƙara wa jini ƙarfi. Mu kuwa sai a tara 'yan matan lise, wato sakandare, saura mako biyu a yi wasannin makarantu na FENASSCO, a sa su zagaya fili da tsakar rana a zafin Maris, babu agogo, babu ruwa. Ga Ngaundere can da sanyinta da tudunta, jirgin ƙasa kawai muka san ana zuwa hawa.